Zakin Fada da Zakin Dawa

Duk wanda ya tashi a cikin birnin Kano ya san zaki tun kafin ya san baƙi da wasali. Ya san shi a bakin kakarsa da dare, sa'ad da ake tatsuniyar manyan dawa da kura da dila malamin daji. Ya san shi a bakin dogarai ranar hawan salla, sa'ad da Sarki ya fito daga Ƙofar Kudu ana ta yi masa lafiya zaki. In ya girma ya kama alƙalami kuwa, to, da wuya ya cika shafi goma bai ce jarumin labarinsa ya yi kukan kura ya afka wa abokan gaba kamar zaki ba. Amma da za mu tsaya a bakin Kasuwar Kurmi tun safe har la'asar muna tambayar masu wucewa wanda ya taɓa jin rurin zaki a dawa, ba a bayan ƙarafunan Gidan Zu ba, da wuya mu koma gida da ko mutum guda. Wato dai zakoki biyu gare mu. Akwai na fada wanda yake zaune a harshenmu cikin ƙoshin lafiya, akwai kuma na dawa wanda ya kusa ƙarewa ba tare da mun san ko wane iri ne shi ba. Tarihin wannan na biyun muke so mu bi, mu ga irin zaman da yake yi da yadda aka yi ƙasar nan ta fi ƙarfinsa.

Na fadan ba zai ɗauke mu lokaci ba, don kowa ya san shi. Abin lura kawai shi ne ba daga daji kaɗai muka samo shi ba, har da littattafai. Larabawa suna da sunaye barkatai na zaki, kuma wasunsu sun shigo gidajenmu sun zauna, don kuwa Usama da Haidar duk zaki suke nufi, Sayyadina Hamza kuma Zakin Allah ake yi masa laƙabi. Littafin Kalila wa Dimna, wanda asalinsa daga Indiya yake, Ibnul Muƙaffa ya mai da shi Larabci a ƙarni na 8, shi ma zaki ya ɗora a kan gadon sarauta, ya kewaye shi da fadawa masu kai gulma. Da wannan da tatsuniyoyinmu na gado aka haɗa aka ƙera zakin da muka sani: namiji guda, mai geza, mai faɗa a ji, wanda sauran namun daji suke faɗuwa su yi gaisuwa a gabansa. Da Turawa suka ci Kano a 1903, sai kalmar ta sami sabon aiki, talaka ya riƙa dunƙule hannu yana ce wa Razdan da Di'o zaki. Kalmar ta bi iko duk inda ya koma, ba ruwanta da dabbar.

To, shi na dawan fa? Abu na farko da zai ba marubucinmu mamaki shi ne zaki ba shi da gida, gidan na zakanya ne. Masana da suka shafe shekaru suna bin zakoki a dajin Serengeti na ƙasar Tanzaniya, tun daga George Schaller wanda ya fitar da littafinsa a 1972 har zuwa Craig Packer da ya ɗora a bayansa, sun nuna cewa ginshiƙin garken zakoki mata ne 'yan uwan juna: uwa da 'ya'yanta mata da ƙannenta da 'ya'yan ƙannenta. A inda aka haifi zakanya, galibi a nan take girma, a nan take haihuwa, a nan take mutuwa, kuma yankin dajin da suke farauta a ciki gado ne da yake bin tsatson mata. Idan muka kwatanta da gidan gandu irin namu, inda maza suke zaune a gidan uba ana kawo musu mata daga waje, sai mu ce zakoki sun juya abin ne: mata suke zaune, maza ake kawowa.

Cikin zakanya kwana 110 ne ko kusa da haka. Idan haihuwa ta zo sai ta ware daga 'yan uwanta ta shiga sarƙaƙiya ko kogon dutse, ta haifi 'ya'ya biyu ko uku, wani lokaci huɗu, idanunsu a rufe, jikinsu da ɗigo-ɗigo kamar na damisa wanda yake ɓacewa in sun tasa. Takan ɓoye su kamar mako shida, tana sauya musu maɓoya saboda kura, kafin ta fito da su cikin dangi. Daga nan reno ya zama na kowa, har ɗan wannan yakan sha nonon waccan. Farauta ma yawancinta matan ne suke yi, da dare ko da sanyin asuba, wasu su zagaya su tare hanya, wasu su koro. Kuma kada mu ɗauka kullum sai sun dace, sau da yawa naman yakan tsere, a kwana da yunwa. Da rana kuwa ba abin da zaki yake yi sai kwanciya a inuwa, har yakan kai awa ashirin a yini yana hutawa. Sarkin dawan da muke kwatanta jarumawanmu da shi ya fi kowa barci a dawa.

Namijin fa, ina labarinsa? Nan ne abin tausayin yake. Da zarar ya kai shekara biyu zuwa huɗu, geza ta fara tsiro masa, sai a kore shi daga gidan da aka haife shi. Sai ya shiga duniya, shi kaɗai ko tare da 'yan uwansa maza da aka kora tare, suna yawo a gefen yankunan wasu, suna cin abin da suka kama ko mushen da suka ƙwace a bakin kuraye, kuma da yawansu a wannan yawon suke halaka. Waɗanda suka rayu suka yi ƙarfi, sai su nemi wani garke su yi faɗa da mazan da suke riƙe da shi. In sun yi nasara, abin da suke fara yi shi ne kashe ƙananan 'ya'yan da suka tarar, domin zakanya mai shayarwa ba ta karɓar namiji, amma in 'ya'yanta sun mutu ba ta daɗewa sai ta koma neman barbara. Iyayen mata sukan yi faɗa sosai a kan wannan, wani lokaci su gudu da 'ya'yan. Sarautar da aka zubar da jini a kanta ɗin kuma ba ta cika wuce shekara biyu zuwa huɗu ba, sai wasu matasan su zo su tumɓuke su. Rurin nan da ake ji daga nisan kilomita takwas in dare ya yi tsit, sanarwa ce ga masu jiran gado cewa har yanzu da mai gida a nan. Aikin namiji ke nan, gadi. Tsohon zakin da aka kora kuwa ba ya komawa ko'ina, yakan ƙare ne a rame, haƙora sun zube, yana bin abin da ya fi sauƙin kamu, wanda sau da yawa shi ne ɗan maraƙin Bafillace. Mu dai a ganinmu, marubucin da yake neman labarin mulki da juyin zamani zai fi samun abin rubutawa a wannan zakin fiye da wancan mai zaman fadanci.

Mu riƙe wannan magana ta korar matasan maza, don za mu dawo gare ta. Yanzu mu juyo gida.

A da, zaki yana ko'ina a wannan shimfiɗaɗɗiyar ƙasa mai ciyawa da itatuwa jefi-jefi, tun daga Senegal har Tafkin Chadi, kai har cikin duwatsun Azbin, inda Bajamushen nan Heinrich Barth ya ba da labarin zakokin wurin da ya ratsa a 1850, kafin ya iso Kano a 1851. Abincinsa ya wadata: ga ɓauna, ga gwanki, ga kanki, ga mariya, ga mugun dawa. Tarihin Kano da kansa da maharbi ya buɗe, don an ce Barbushe na Dala giwa yake kashewa ya ɗauko ta a ka. Ko mun yarda da ƙarfin Barbushe ko ba mu yarda ba, labarin yana gaya mana irin dajin da ya kewaye Dala da Goron Dutse a wancan zamani. Sunan babbar kasuwarmu ma shaida ne, don kurmi ne a bakin Jakara kafin Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499, ya kafa kasuwa a wurin.

Sai dai kada mu ɗora wa Turawa ko zamani laifin da ba nasu ba. Kewayen birnin Kano ya daɗe da zama gonaki. Ɗaruruwan shekaru ke nan manoman karkarar birni suna noma gona guda kowace damina ba hutu, jakuna suna fitar da taki daga cikin gari suna shigo da itace. Inda gona ta haɗe da gona, ƙauye yana hango ƙauye, ɓauna ba ta zama, inda babu ɓauna da gwanki kuwa zaki ba ya zama. Fartanya ce ta fara korar zaki daga bakin ganuwa, tun kafin a san bindiga.

Inda ya fake shi ne dazuzzukan kan iyaka, kuma abin mamaki, yaƙi ne ya tsare masa su. A ƙarni na 19, bayan jihadi, Haɓen Katsina da suka kafa Maraɗi da Gobirawan Tsibiri sun yi ta kawo hari ƙasashen daular Sakkwato, Ningawa kuma suna fitowa daga duwatsunsu suna kai farmaki kudancin Kano, musamman zamanin Sarki Abdullahi Maje Karofi. Ba mai hankalin da zai share gona ya kafa bukka a kan hanyar mahara. Saboda haka mutane suka tattara a garuruwa masu ganuwa da ribaɗoɗi, aka bar manyan dazuzzuka a tsakani ba kowa, irin su Dajin Rugu da Dajin Gundumi wanda fatake suke ratsawa da gudu-gudu a kan hanyar Sakkwato, da dajin da ya miƙa daga kudancin Kano zuwa Ningi. A wasu wuraren kuma ƙudan tsando ne ya yi gadi, don yana kashe shanu yana sa wa mutane ciwon barci, sai makiyaya suka kauce wa bakin rafukan da yake. Abin da ya zama masifa ga kakanninmu shi ya zama garkuwa ga namun daji.

Daga nan abubuwa suka zo a jere cikin shekaru kaɗan. Wajen 1891 annobar bushiya ta ratsa ƙasar nan, ta share garken Fulani har aka riƙa kiranta sannu saboda yawan jajen da aka yi wa juna, kuma ba ta bar ɓauna da sauran manyan namun da zaki yake ci ba. A 1903 yaƙe-yaƙen kan iyaka suka zo ƙarshe, hanya ta yi lafiya, mutane suka fara fita daga ganuwa suna saran daji. A 1911 layin dogo ya iso Kano, kuma cikin 'yan shekaru gyaɗa ta zama kuɗi. Dalar gyaɗar nan da muke alfahari da hotonta, kowane buhu a cikinta daga wata gona ya fito, kuma gonaki da yawa daji ne kafin nan. Haraji na kuɗi ya tilasta wa talaka ƙara faɗin gona. Allurar shanu ta sa garkuna suka farfaɗo suka ninka. Yaƙi da tsando, irin aikin da aka yi a Anchau ta ƙasar Zazzau daga ƙarshen shekarun 1930, ya sa aka sare itatuwan bakin rafuka aka buɗe wa mutane da dabbobinsu ƙasar da a da ba sa shiga. Babu ɗaya daga cikin waɗannan da aka yi da nufin cutar zaki, kuma babu wanda za mu ce kada a yi, don wa zai ce a bar ciwon barci saboda naman daji? Amma haɗuwarsu ce ta cinye dajin. Maharba da sarakunan baka sun kashe nasu, masu neman fata da abin da ake sayarwa da sunan man zaki don ciwon gaɓoɓi su ma sun taɓa, sai dai duk abin da kibiya ta yi bai kama ƙafar abin da garma da garke suka yi ba.

Makamin ƙarshe shi ne guba. Idan zaki ya rasa gwanki ya kama saniya, makiyayin da aka yi wa ɓarna ba ya buƙatar jarumtaka, maganin ƙwari na gona kawai zai barbaɗa a kan ragowar naman. Da yake zakoki tare suke ci kuma sukan dawo kan abin da suka kashe, sai garke guda ya mutu a dare ɗaya, da iyaye da 'ya'ya, har da kuraye da ungulayen da suka sauka daga baya. A nan zumuncin da ya rayar da zaki ya zama ajalinsa. Waɗanda suka manyanta a cikinmu za su tuna yadda ungulu take cika kwata da kan rumfunan mahauta a birnin nan, su kuma duba yau su gani ko za su ƙirga ko biyar.

Hukuma ba ta zauna haka kawai ba, dokoki kam an yi su. An yi ta kare namun daji a 1916, Jihar Arewa ta yi tata a 1963, gwamnatin soja ta yi wata a 1985 a kan dabbobin da suke gab da ƙarewa. An keɓe Yankari a ƙasar Bauchi a 1956, aka buɗe ta ga masu ziyara a 1962, fili mai faɗin murabba'in kilomita 2,244 wanda kogin Gaji ya ratsa. Ita ma Yankarin tsohon mazaunin mutane ce da aka watse aka bari, rijiyoyin Dukkey da matoyan ƙarfe na dā suna nan a ciki. Ta zama ta Tarayya a 1991, ta koma hannun Jihar Bauchi a 2006. A yamma aka haɗa dajin Borgu da na Zugurma aka yi gandun Tafkin Kainji a ƙarshen shekarun 1970. Mu a Kano muna da Falgore a can kudu, muna kuma da Gidan Zu da Gwamna Audu Baƙo ya kafa a farkon shekarun 1970, wanda nan ne yaranmu suke ganin zaki da salla, yana kai da komowa a cikin keji. A watan Oktoba na 2019 da wani zaki ya kuɓuce a can, unguwannin kewaye suka kwana da ido ɗaya, daga bisani aka same shi bai ko fita daga harabar ba, ya shige wurin awaki ya yi ta'asa. Na Jos da ya fita a Disambar 2015 bai yi wannan sa'ar ba, harbe shi aka yi.

Gaskiyar halin da ake ciki ta fito ne a Janairun 2014, sa'ad da Philipp Henschel na ƙungiyar Panthera da abokan aikinsa suka bayyana sakamakon binciken shekaru da suka yi a Afirka ta Yamma. Sun duba gandun daji 21 da ake zaton akwai zaki a cikinsu, a yawancinsu suna bin sawu da kashi, suna kunna kukan dabba a lasifika da dare don su ga abin da zai fito. A huɗu kacal suka same shi: Niokolo-Koba a Senegal, da babban dajin W da Arli da Penjari da ya haɗa Nijar da Benin da Burkina Faso, sai Kainji, sai Yankari. Jimillarsu kimanin 400, waɗanda suka isa haihuwa ba su kai 250 ba, kuma kusan kashi 90 cikin 100 suna dajin W da maƙwabtansa. Kainji an ƙiyasta kamar 30, Yankari kuwa ba su kai biyar ba. Ƙasar da ta rage musu kamar kashi ɗaya ce cikin ɗari na wadda kakanninsu suka taka. A 2015 aka sa zakin Afirka ta Yamma a jerin dabbobin da suke bakin kabari. Bayan wannan binciken kuma sai 'yan bindiga suka shiga dajin W da na Kainji, har aka kashe ma'aikatan gandun daji a ɓangaren Benin a Fabrairun 2022. Wannan karon yaƙi bai zama garkuwa ba, don masu yaƙin a cikin dajin suke zaune, daga cikinsa suke ci.

Wani zai ce to mene ne, ai ga zakoki can dubbai a Tanzaniya da Afirka ta Kudu, a ɗebo mana. Ba haka abin yake ba. Binciken ƙwayoyin halitta ya nuna namu dabam ne da nasu, har a 2017 masana suka raba zakunan duniya gida biyu, suka sa na Afirka ta Yamma da ta Tsakiya a gida ɗaya da na Indiya da na Arewacin Afirka wanda ya riga ya ƙare a daji. Namun ya fi ƙanƙanta, gezarsa ba ta cika yawa ba, wani namijin ma kusan ba shi da ita, garkensa kuma bai kai na gabas yawa ba. Wato zakin da ake zanawa a bangon littattafanmu da jikin manyan motoci, mai geza har ƙirji, ba ma namu ba ne, aro ne.

Ɗan uwan nasa na Indiya ya taɓa shiga irin wannan hali. A farkon ƙarni na 20 saura 'yan ƙalilan suka rage a dajin Gir na Gujarat, sai Sarkin Junagadh ya hana farautarsu, gwamnati ta ɗora a kai ta keɓe dajin a 1965. Makiyayan Maldhari suna zaune da dabbobinsu a yankin, kuma idan zaki ya kashe wa mutum saniya hukuma tana biyansa diyya, don haka ba shi da dalilin neman guba. Ƙidayar 2020 ta sami 674, ta 2025 ta sami 891. Indiya kuwa ba ta fi mu ƙarancin jama'a ko shanu ba. Abin da ya bambanta mu shi ne a can akwai wanda makiyayi zai kai wa kuka a share masa hawaye.

Amma ko da an biya diyya, an ba masu gadin daji albashi da kayan aiki, akwai matsalar da ta samo asali daga irin zaman zakin kansa. Wata 'yar ƙasar nan, Talatu Tende, ta tattara kashin zakoki a Yankari da Kainji ta bincika ƙwayoyin halittar da ke ciki, ta fitar da sakamako a 2014. Ta gano cewa na Kainji sun fi kusa da na Benin, na Yankari kuma sun fi kusa da na Kamaru, wato kowannensu guntun wata doguwar zuriya ce da a da take haɗe ta hanyar matasan mazan nan da ake kora, waɗanda suke fita daga wannan daji su ratsa su auri wancan. Da wannan yawon nasu jini yake sabuntuwa. Yau matashin zakin da aka kora a bakin kogin Gaji, in ya nufi yamma, tsakaninsa da Kainji fiye da kilomita 500 ne na gonaki da garuruwa da kwalta. In ya nufi gabas wajen danginsa na Kamaru, ɗaruruwan kilomitoci ne na masara da shanu. In ya tsallaka iyakar gandun, saniya ce abincin da zai fara gani, bayanta kuma guba. In ya zauna, matan da suke gabansa uwarsa ce da 'yan uwansa.